Nazmi Efendi da Ruwan Baida

Da asubar ranar da za a binne ɗiyar Salim mai gasa burodi, magajin gari Nazmi Efendi ya riga iyayen yarinyar isa maƙabarta. Mai haƙa kabari ya kwana biyu yana fama da ciwon baya, saboda haka Nazmi Efendi ya tuɓe kwat ɗinsa ya rataya a reshen zaitun, ya ɗora jar dararsa a kan dutse, ya karɓi diga. Ramin bai fi kamu biyu ba, amma ƙasar Burjul Hawa dutse ce da aka yayyafa wa turɓaya, kafin rana ta leƙo tafin hannunsa ya yi bororo. Da ya gama sai ya bi layin ƙananan kaburburan da aka yi tun shigowar rani, yana taɓa kowanne da yatsa. Ni ina gefe ina gyaran katangar da ta zube. Na ji ya ce arba'in da ɗaya, kuma ba da kowa yake magana ba.

Babu wanda bai san abin da ke kashe yaran ba. Garinmu ba shi da kogi. Kowane gida da rijiyarsa a tsakar gida, mai tara ruwan da ya gangaro daga rufi a watannin sanyi. In rani ya yi nisa, abin da ya rage a gindinta sai ya yi kore, tsutsa na yawo a ciki. Cikin babba ya saba. Yaron da aka yaye kuwa, gudawa ta kwana uku ta ishe shi. Likitan gari, wani Ba'armeniye mai gajeren haƙuri, ya faɗa har ya gaji da faɗa.

Ni magini ne. Na yi aiki a ƙarƙashin magadan gari biyar. Huɗu daga cikinsu muryarsu na sani. Shi Nazmi Efendi bayansa na fi sani, don kullum yana gaba yana leƙa kwata, mu muna biye.

Ɗan Hajji Arif ne mai gidan sabulu, kuma ba shi ne aka yi wa tanadin girma ba. Wansa Fauzi shi ne na doki da bindiga, wanda in ya ratsa kasuwa mata ke leƙowa ta taga. Nazmi a bakin tukunyar sabulu ya tashi, ruwan toka ya cinye masa gashin hannu tun yana saurayi. An tura shi makaranta a Sham, ya yi shekara biyu ya dawo da sunan Efendi da wani tari da bai taɓa rabuwa da shi ba. Sarautar ma ba nemanta ya yi ba. Manyan gidaje biyu ne suka kasa yarda da juna, sai suka haɗu a kan mutumin da suka ɗauka ba ya magana, don haka ba zai yi komai ba. Rabin zatonsu ya yi daidai. Ranar da gwamnan Turkawa ya kawo ziyara, jawabin maraba da ya yi bai kai tsawon Fatiha ba, har gwamna ya tsaya yana jiran saura.

A shekararsa ta farko ya fitar da mahauta daga tsakiyar kasuwa zuwa bayan ganuwa, mahauta suka yi wata guda ba sa amsa masa sallama. Yana yawo da dutsen awo a aljihu, in ya tsaya gaban mai shinkafa sai ya ɗora a sikeli bai ce uffan ba. Ya sa fitilu talatin a lunguna, ya sa muka shimfiɗa dutse a matakalar kasuwa inda tsofaffi ke karya ƙugu duk lokacin ruwa. Yana da nasa aibin. Ba ya yabon kowa. Shekara goma sha ɗaya ina masa aiki, abin da ya fi kama da yabo da na taɓa ji daga bakinsa shi ne, “Wannan ba zai zube ba.” A gida ma, matarsa ta ce zama da shi kamar zama da randa ne.

Maganin ruwan kuwa yana nan a fili, tafiyar sa'a ɗaya da rabi daga ƙofar gabas. Idon ruwan Baida ke nan, mai fitowa daga farin dutse rani da sanyi, kuma ya fi garin tudu, in an shimfiɗa masa bututu da ƙafarsa zai zo. Sai dai a ƙasar Shaihu Mizyad yake, shugaban mutanen kwari, masu awaki da bindiga ɗari uku. Magadan garin da suka gabata sun yi ta rubuta takarda zuwa Sham. Hukuma ba ta ga dalilin ɓata wa mai bindiga ɗari uku rai saboda jarirai ba.

Ga Nazmi abin ya fi haka nauyi, domin akwai jini a tsakani. Shekara goma sha tara kafin wannan rani, awakin kwari suka shiga gonar zaitun ta Hajji Arif. Fauzi ya doki makiyayin, ya kama awakin. Sayil, babban ɗan Mizyad, ya zo karɓa, magana ta yi zafi, bindiga ta tashi, aka kawo Fauzi gida a kan ƙyauren ƙofa. Kamar yadda aka saba, Sayil ya kwashi iyalinsa ya yi gabas cikin hamada, ba shi da dawowa sai dangin mamaci sun yafe. Sau uku Mizyad na zuwa gidan Hajji Arif da dattawa. A wurinmu mai babbar buƙata in an miƙa masa gahawa ba ya sha, sai ya ajiye finjalin a ƙasa gabansa. In maigida ya ce masa sha, to ya ɗauki alkawarin biyan buƙatar, kuma ba a janyewa. Sau uku Mizyad na ajiye finjali, sau uku Hajji Arif na zuba masa ido har gahawar ta huce, baƙin su tashi da ƙishirwarsu. Da Hajji Arif ya rasu, Fauzi kuma 'ya'ya mata kaɗai ya bari, maganar jinin ta dawo bakin Nazmi. Mahaifiyarsu, wadda har lokacin Ummu Fauzi ake kiranta, tana ajiye da rigar da aka harbe shi a ciki a ƙasan akwatinta.

Da aka gama jana'izar yarinyar, bai nufi ofis ba. Ya tsaya a kaina yana kaɗe ƙasa daga wandonsa.

“Abu Diyab, ka iya auna gangara?”

“Da ita nake ci, Efendi.”

“Ɗauko ma'auninka da alfadari.”

Sai da muka fita ƙofar gabas na gane inda muka dosa. Ba ɗan sanda, ba dattijo, ba bindiga. Muka fara tsayawa a idon ruwan, na yi awona, na ce masa zai kai har dandalin masallaci da ragowar ƙarfi. Ya ɗebi ruwan da hannu ya wanke fuska, amma bai sha ba.

Zauren baƙin Mizyad a cike yake, don labari ya riga mu. Wani saurayi a bakin ƙofa ya ce wa na kusa da shi, yadda za mu ji, ga mai sabulu ya zo wanke su. Aka yi dariya ƙasa-ƙasa. Mizyad da kansa tsoho ne siriri, idonsa ɗaya ya yi fari. Ya miƙe tsaye, abin da ba ya yi wa kowa, ya zaunar da Nazmi a damansa. Mai gahawa ya zuba ya miƙa. Nazmi ya karɓa da hannun dama, ya sunkuya ya ajiye finjalin a kan shimfiɗa. 

Mizyad ya daɗe yana kallon finjalin da idonsa mai gani.

“Ɗan Hajji Arif, gahawarmu ba ta da aibi. Sha. Abin da ka zo nema ka samu.”

“Ba ka ji shi ba tukuna, Abu Sayil.”

“Kunnena ne ya tsufa, ba bakina ba. Na faɗa.”

Sai Nazmi ya faɗi buƙatarsa a taƙaice: kashi ɗaya cikin uku na ruwan Baida, ya shiga gari a bututu, har abada. Zauren ya ɗauki guna-guni. Ƙanin Shaihu ya ce da raƙumansu ya roƙa gaba ɗaya da ya fi musu sauƙi, wani ya ce awakin su sha me in rani ya tsananta. Mizyad ya ɗaga hannu kawai, aka yi shiru. Nazmi ya ɗauki finjalin ya shanye. Aka yanka rago, muka ci da shinkafa da kindirmo, muka kamo hanya kafin la'asar.

Ni dai murna ta cika ni, na kasa riƙe bakina. Na ce masa abin da takardun shekara ashirin suka kasa, ya gama shi da kurɓi ɗaya. Sai ya ce, “Zai zo gidana. Ni ma ina da finjali.”

Nan murnar ta koma ciki. Tsohon yana da buƙata ɗaya tak a duniya, kuma duk garin ya san ta.

'Yan majalisa ma sun gane, kuma ba su rasa dabara ba. Hilmi Bek, lauya mai gashin baki da ake murɗe shi da man ƙamshi, ya yi musu bayani na kusan sa'a guda. Ya ce a tarbi Shaihu a ofis, a ba shi shayi, tunda shayin hukuma ba ya ɗaure kowa, a sa shi ya buga hatimi a takarda. Ko kuma Efendi ya tafi Bairut neman maganin tarinsa, ya zauna har a gama shimfiɗa bututu, don ruwa in ya shiga gari ba ya komawa. Wasu suka ce wallahi wannan ita ce shawara.

Nazmi ya ce, “Mutum ya ba ni bai tambaya ba. In tarbe shi da shayi da magatakarda?”

Hilmi Bek ya ce, “Efendi, danginka za su cinye ka ɗanye. Ƙuri'arsu ce ke riƙe da kujerar nan da kake kai.”

“Na sani. Akwai wata magana a kan fitilu?”

Abin da ya faru tsakaninsa da mahaifiyarsa, matata ta ji shi daga bakin ƙanwarsa Zahiya, wadda ke wurin. Ya same ta da rana a tsakar gida tana tsintar tsakuwa daga cikin alkama. Ya sumbaci hannunta ya ɗora a goshi. Ba ta ce ya zauna ba. Ta tashi ta shiga ɗaki, ta fito da rigar, ta shimfiɗa ta a kan tiren alkamar. Jinin ya daɗe da komawa baƙi, yadin ya yi tauri kamar fata.

“Ka san wannan?”

“Na sani, Umma. Ni na cire masa ita.”

“Ubanka sau uku yana barin gahawar mutanen nan ta huce.”

“Baba ba shi da gari a wuyansa.”

“Garin ne ya haife ka?”

Ya gaya mata adadin kaburburan. Ya ambaci sunayen iyayen da ta sani, har da jikar maƙwabciyarta da ita da kanta ta yi wa wankan jego. Ta saurara har ƙarshe. Ta ce waɗannan Allah ne ya ɗauke su, ba wanda zai ja da shi. Nata ɗan kuwa, mutum ne ya ɗauke shi, kuma yana can da ransa yana cin nama. 

“In ka ce masa sha,” in ji tsohuwar, “ka nemi wata uwar.”

Bayan kwana tara Mizyad ya aiko cewa yana tafe ranar Alhamis da hantsi. A irin wannan rana dangin maigida ne ke jeruwa a bakin ƙofa su tarbi baƙi, yawansu shi ne darajarsa. Gidan Hajji Arif suna da maza sun fi sittin. Ko ɗaya bai zo ba. Da Nazmi ya fito ya ga ƙofar wayam, sai liman da likita, ya gyara dararsa ya tsaya shi kaɗai. Mu ne muka cike layin: magina, masu shara, masu kunna fitila, da Salim mai burodi da garin alkama a gemunsa. Ba wanda ya kira mu. Wani mai shara ya ce in Shaihu ya tambayi asalinmu, a ce masa dangin tsintsiya ne.

Suka iso su talatin a kan dawakai. Nazmi bai bar kowa ya taɓa butar gahawa ba, da hannunsa ya zuba ya miƙa. Mizyad ya karɓa, ya ajiye a ƙasa. A saman bene akwai taga mai ragar katako, duk mun san wadda ke bayanta. Nazmi ya tsaya riƙe da butar. Na ga tururin gahawar yana raguwa, na ga ƙanin Shaihu ya fara tattara bakin rigarsa kamar mai shirin tashi.

“Sha gahawarka, Abu Sayil.”

Tsohon ya ce, “Ba ka ji buƙatar ba.”

“Shekara goma sha tara ina jin ta. Sha.”

Ya sha. Liman ya ɗaga hannu aka yi Fatiha. Ba a gama shafawa ba muka ji an rufe tagar sama, a hankali, ba da ƙarfi ba. Kafin azahar Ummu Fauzi ta fita ta ƙofar baya da akwatinta a kan ɗan dako, ta koma gidan Zahiya a unguwar tudu. Nazmi yana cikin baƙinsa yana zuba musu abinci lokacin da aka raɗa masa. Ya ci gaba da zubawa.

Bayan wata guda aka yi sulhun a dandali, aka ɗaura farar tuta a sanda, kowane dattijo ya yi mata ƙulli. Sayil ya dawo. Mun zaci za mu ga dodo, sai ga wani mutum mai furfura, ba haƙora a gaba, yana jan ƙafa. Nazmi ya ba shi hannu, bai dube shi ba, bai kuma yi saurin janyewa ba. Diyyar da aka kawo ya ce a mayar. Mizyad bai cika shekara ba bayan haka, ya rasu kansa na kan cinyar ɗansa.

Aikin ya ci wata goma sha huɗu. Kowace unguwa ta ba da maza kwana ɗaya a mako. Masu tukwane suka bar tukwane suka koma gasa bututun yumɓu, mu kuma muna haɗa bakinsu da farar ƙasa da man zaitun. Mutanen kwari suka haƙa kashin farko da kansu, ba wanda ya roƙe su. A gindin kwarin, inda ruwa ke taruwa da nauyi, bututun ya fashe sau biyu, laifina ne, na raina ƙarfin ruwan. Na tsaya ina jiran faɗa. Ya dubi ɓarnar, ya tambaye ni ko in an sassaƙa na dutse zai riƙe. Na ce zai riƙe, amma sai an ƙara wata biyu. Ya ce a sassaƙa. Kullum yana wurin, da laimarsa da tarinsa, yana cin burodi da zaitun a gindin dutse tare da mu. Wasu ranakun akan sami an fasa mana bututu goma da dutse kafin mu iso. Ya san 'ya'yan baffanninsa ne, mu ma mun sani. Bai kai ƙarar kowa ba, sai ya ce a gasa wasu.

Waɗannan wata biyun da na jawo su suka sa zaɓe ya riga ruwa isowa. Da ruwan na zuba a dandali ranar da aka jefa ƙuri'a, wataƙila da labarin ya sauya, wannan kuwa ina ɗauke da shi har yau. Danginsa suka juya gaba ɗaya suka bi Hilmi Bek. Iyayen yaran da aka binne yawancinsu talakawa ne, ba su da ƙuri'a, don a lokacin sai mai dukiya ke zaɓe. Nazmi ya miƙa hatimi da makullai, ya cire dutsen awo daga aljihu ya ajiye a kan teburi, ya koma tukunyar sabulunsa.

Ranar buɗe famfo an kawo masu busa daga barikin soja. Hilmi Bek ya yi jawabi mai daɗi ƙwarai, ban ƙi gaskiya ba, har wasu suka yi hawaye. An manna farin dutse a jikin bangon famfon da sunansa da na gwamna. Ni ina tsugune a baya riƙe da makullin ruwan, ina jiran ya gama. Da na murɗa, bututun ya yi tari kamar tsoho, ya tofar da laka, sannan ruwa ya zo fari tas. Mata suka yi guɗa. Nazmi yana can bayan taro kusa da shagon mai gyaran takalma. Da ya ga ruwan ya tsaya da ƙarfinsa bai yanke ba, sai ya juya ya tafi. A ranin da ya biyo baya, mai haƙa kabari ya sami lokacin dasa kabewa a bayan ɗakinsa.

Gari duka ya koma shan Baida, ban da mutum ɗaya. Ummu Fauzi ta ce ruwan jini ne, ba zai wuce maƙogwaronta ba. Ta ci gaba da shan rijiyar gidan Zahiya. Da mutane suka daina dogara da rijiyoyi, masu sana'ar yashe su suka watse, wasu suka koma dako, wasu suka bar garin. Rijiyar ta shekara uku ba a taɓa gindinta ba. Tsohuwar ta fara ciwon ciki. Zahiya ta gwada dabara, ta zuba mata ruwan famfo a tulunta a ɓoye. Kurɓi ɗaya ta yi ta tofar, ta wuni ta kwana ba ta sa ruwa a baki ba, sai da Zahiya ta rantse da Alƙur'ani ba za ta sake ba. Duk Juma'a Nazmi na zuwa gidan bayan masallaci, ya zauna a tsakar gida, ita kuma ta juya fuskarta bango har ya tashi.

Ba na gari lokacin da Nazmi ya rasu. Da babban yaƙi ya tashi aka kwashe mu, mu masu sana'ar dutse, zuwa fasa hanya a kudu, na yi shekara huɗu. Da na dawo aka ce mini zazzaɓin da ya biyo yunwa ne ya ɗauke shi, ya kamu a wurin da ya mai da tukwanen sabulunsa na dafa fate ga mayunwata. Tsohuwar ta bi shi bayan wata biyar. Na tambayi Zahiya ko sun yi magana kafin nan. Ta ce in sha shayina.

Ganina da shi na ƙarshe, mako guda ne kafin a tafi da mu, a ƙarshen rani. Ya ƙwanƙwasa mini ƙofa da hantsi, da igiya a kafaɗa, da bokiti biyu, da buhun farar ƙasa a kan jaki. Shekararsa hamsin da shida a lokacin. Ya ce in zo in riƙe masa igiya, zai yashe rijiyar gidan Zahiya. Na ce Efendi, ka bari ni in shiga, ƙirjinka ba zai ɗauki iskar ƙasan nan ba. Ya ce rijiyar uwarsa ce, ni in riƙe abin da aka ce in riƙe.

Zahiya ta riga ta kwashe ragowar ruwan a tuluna. Muka zura fitila ta sauka ba ta mutu ba, sannan ya tuɓe ya rage daga shi sai wando, ya ɗaura igiyar a ƙugu, na sauke shi gaba shida. Tsohuwar na zaune a kan tabarma a inuwar inabi, ta ba mu baya, tana jan carbi. Ya yi ta cika bokiti da baƙar laka mai wari ina jawowa, har da mushen ɓera biyu da wani tsohon takalmi. Tarinsa na fitowa daga ramin kamar ana buga ganga. Can wajen azahar tarin ya sarƙe shi, ya daɗe bai tsaya ba, igiyar na karkarwa a hannuna. Carbin ya tsaya. Ba ta juyo ba.

“Zahiya,” in ji ta, “ki ce wa maginin nan ya riƙe igiya da kyau. Hannunsa kamar na mai jego.”

Na ce, “Na riƙe, Hajiya.”

“Ba da kai nake ba.”

Ya kankare bangon da ƙarfe, ya wanke, ya shafe shi da farar ƙasa tun daga gindi har wuya, yana hawa ina ja. La'asar ta yi kafin ya fito, fari fat kamar an tono shi, idanunsa jajur. Ya wanke hannu da fuska, ya sa rigarsa, ya je ya durƙusa a gefenta ya miƙa hannu zai kama nata. Ta cusa hannun a cikin mayafi. Ya ɗan jima a durƙushe, sannan ya dafa gwiwa ya miƙe. Ya gaya wa Zahiya kada a bar ruwan farko ya shiga, a bari rufi ya wanku tukuna, na biyu za a tara.

Lakar na nan tsibi a bakin ƙofa. Na ce zan turo a kwashe da safe. Ya ce ƙuda zai dame ta kafin safe. Ya cika bokitan biyu, ya rataya su a sanda, ya saɓa a kafaɗa, ya gangara ta lungun masu tukwane yana tafe yana hutawa, har ya sha kwana.